Ta Roƙe Ni Rai

Wata huɗu ina leƙen mai ɗinkin da ke tsallaken titi ta tagar shagonmu na buga takardu, ban taɓa ce mata komai ba bayan "ga kwafinki". Lambarta ma ta dalilin aiki na samu.

Ranar Talata da hantsi, ina fama da takardar da ta maƙale a inji, sai wayata ta yi ƙara. Saƙonta ne: "Don Allah ka taimaka min da rai, nawa sun ƙare."

Na zauna daɓas a kan kwali. Duk littattafan soyayyar da na haɗiye, ban taɓa cin karo da wadda ta fito fili haka ba. Na bar wani dattijo tsaye da takardunsa, na rubuta mata cewa raina nata ne tun ranar da ta fara shigowa, in tana so ta haɗa har da numfashin. Sakin layi bakwai. Na tura.

Da na je gida cin abincin rana na nuna wa ƙanwata, ina ta ƙasaita. Ta yi dariya har ta dafa bango.

"Yaya, kai da kake gyara wa mutane rubutu! 'Sun ƙare' fa ta ce. Rai nawa gare ta? Wasan jera 'ya'yan itatuwa ne na waya. Rai biyar ake ba ka, in sun ƙare ka roƙi jama'a. Ni ma ta turo min. Har Kawu ta roƙa, shi kam tuni ya ba ta."

Abincin nan bai shiga ba.

Da yamma sai ga ta a shago. Na so in shige bayan inji, bai ɓoye ni ba.

"Malam, na ga saƙonka," ta ce. "Akwai tsawo. Ran fa?"

Ta karɓi wayata, ta saukar min da wasan, ta matso har ina jin ƙamshin sabon yadi a jikinta. "Nan za ka danna. Kullum da safe."

Na danna. Na tattaro sauran ƙarfin halina na ce, "Saƙon fa?"

"Zan karanta in na wuce mataki na tamanin."

"Yanzu kina na nawa?"

"Sha ɗaya," ta ce, ta fita idonta na kan waya.