Mutuwar Zulaiha da Aka Goge

Mijina Nurgali ya yi shekaru yana aikin editan wata mujalla a birnin Kazan, kuma ban taɓa jin ya ɗaga murya ba sai ranar da Minnula ya zo daga ƙauye.

Minnula shi ne mijin ƙanwarsa Zulaiha, wadda ta rasu a shekarar yunwa. Nurgali ya rubuta labarinta yadda ya faru: tana niƙa ɓawon itace tana gasa wa 'ya'yanta, ita ba ta ci, har ta kwanta ba ta tashi ba. Yana miƙa labarin zazzaɓi ya kayar da shi, aka buga mujallar yana kwance.

Minnula ya faɗo mana ko ƙanƙarar takalminsa bai kakkaɓe ba. Na zuba masa shayi, ya ture kofin, ya maka mujallar a kan tebur.

"Tana ina, Nurgali? Malamin makarantarmu ya karanta mana a gaban jama'a. Wai amalanken hatsi ya iso, Zulaiha ta miƙe tana dariya. Ni da na haƙa kabarinta da hannuna! Ƙaraminmu har tambayata yake ko ɓoye ta na yi."

Nurgali ya buɗe shafin ƙarshe ya karanta. Ga sunansa a ƙasa, amma maganar ba tasa ba ce. Ya fice ko hula babu, na bi shi da rigar sanyi.

Shugaban maɗaba'ar a lokacin Rafkat ne, wanda Nurgali ya koya wa aikin, wanda ya sha miyar gidanmu har ya yi kumatu. Muka same shi yana kurɓar shayi.

"Nurgali abzi! Jiki ya yi sauƙi ke nan?" Abzi yake ce masa, wato yaya, don girmamawa.

"Wa ya ta da ƙanwata daga kabari?"

Rafkat ya tashi ya rufe ƙofa. "Abzi, sassauta murya. Taimakonka na yi. Da na bar shi haka, da ni da kai duk hukuma ta kwashe mu."

"Sai ka ƙi bugawa! Ka ce mini ba zai yiwu ba, in ɗauki abina. Amma ka sa ƙarya a bakina, ka aika wa marayunta? Waƙafi ɗaya ban taɓa taɓa maka ba sai na tambaye ka, kai da ka zo nan ba ka iya rubuta sunan uwarka daidai ba!"

"Labari ne fa, abzi."

"Mutum ce!"

Nurgali ya ce a buga gyara a fitowa ta gaba. Rafkat ya ce ko layi ɗaya ba zai shiga ba. Nurgali ya ciro makullin ofishinsa ya jefa cikin kofin shayin, muka fito.

Bai ƙara samun aikin edita ba. Sai gyaran kurakuran littattafan firamare, shi ma da ƙyar, kuma mutane suka rage gaishe mu a titi. Da ƙanƙara ta narke, ya bi jirgin ruwa zuwa ƙauye, ya tara yaran a ɗaki ya faɗa musu yadda uwarsu ta ƙare, bai rage komai ba.

Rafkat ya zo gidanmu da babbar salla, riƙe da kwalin alewa. Nurgali ya ce in bar shi a waje. Ni ma ban yi niyyar buɗewa ba.