Ƙugu Ba Ya Ƙarya

Sau uku Koci Harlan Purifoy yana cin soyayyar tarwaɗa a teburin yayata Ozella, kuma kowane zuwa da kalar rigar da yake shigo mana da ita.

Zuwan farko da jar riga ya zo. Lokacin siriri ne, bai daɗe da barin ɗaukar wa manyan kociyoyi jaka ba, an ɗan ɗaga shi an ba shi 'yan tsaron baya a wata jami'a da ke arewa da mu, yana koya musu yadda ake tare mai gudu da ƙwallo a maka shi da ƙasa. Lavell ya zo nema, babban ɗan Yaya. A nan Mississippi in yaro ya iya zari-ruga, ƙwallon Amurka da ake runguma a ruga da ita, a sakandare, kociyoyin jami'a ne ke biyo shi har gida, su ci abincin uwarsa, su yabi labulenta, su yi alkawarin karatu kyauta. Harlan ya ci, ya ƙara, ya dafa ƙirji ya ce, "Mama, ni a cikin jar rigar nan za a binne ni. Ki ba ni Lavell, ni ne ubansa a can."

Aka ba shi Lavell. Ba a rufa shekara ba sai ga Harlan a talabijin yana wage baki cikin koriyar riga. Lavell ma a talabijin ɗin ya gani, a ɗakin cin abincin makaranta, da cokali a hannunsa. Ko sallama bai samu ba. Wanda ya gaji Harlan ya zo da nasa yaran, ya jefa Lavell wurin da bai saba tsayawa ba, a nan gwiwarsa ta tafi. Ya dawo gida yana ɗingishi. Yanzu gyaran na'urar sanyaya ɗaki yake yi, kuma in ya zo aski shagona ya tarar an kunna wasa, juya kujerar yake ya fuskanci bango.

Zuwa na biyu Harlan ya yi tumbi, an damƙa masa tsaron ƙungiyar gaba ɗaya. Da koriyar rigarsa ya zauna a kujerar da ya zauna a da, ya ce masu jar riga ko karensa ba zai ba su ba. Ni da nake gefe sai da shayi ya sarƙe ni. Yaya ba ta so ba, amma Dorsey, ɗanta na biyu da Harlan ya zo nema, ya kafe sai ya bi shi. Shi ya fi wansa sa'a: Harlan ya ɗan jima kafin masu rigar ruwan goro, manyan ƙasar nan, su yafito shi ya bi. Dorsey ya ƙare karatunsa yana ɗumama benci, ya samu takardarsa, ba ya ƙorafi.

A wurin masu ruwan goro ne duniya ta juya wa Harlan baya. Masu tsaron baya haka rayuwarsu take: in an ci wasa a ce 'yan gaba sun iya, in an sha kashi a nemi wanda bai tare ba. Wata Asabar aka zazzaga musu ƙwallaye kamar ƙofa ba marufi, kafin Litinin an kwashe masa kaya daga ofis. Ya yi shekara yana surutu a rediyo. Daga ƙarshe wata 'yar ƙaramar jami'a a bakin kogi, masu riga ruwan toka, suka ɗauke shi. A shagon aski ba a ɓoye labari: mun ji maigidansa na can ya ce masa ko ya kawo Keshon, ko ya fara neman kwalayen haɗa kaya.

Keshon shi ne autan Yaya, kuma ya fi yayyensa duka. Manyan makarantu sun yi layi a kansa, amma yaron ya ce shi Harlan yake so, don ko maƙiyin Harlan ya san ba wanda ya kai shi iya koyar da tsaro. Makarantar kuma kusa take, Yaya za ta iya kai masa abinci. Ita ma ranta ya biya. Sai dai wanda maciji ya sara, in ya ga tsumma gudu yake.

Akwai wata magana da Harlan ke cusa wa yaransa tun ranar farko. Ya ce in mutum ya taho maka da ƙwallo, kar ka kalli idonsa, ido maƙaryaci ne. Kar ka kalli kafaɗarsa, kar ka kalli ƙafarsa. Ƙugunsa za ka kalla, don inda ƙugu ya nufa nan mutum zai bi, ƙugu ba ya ƙarya. Lavell ne ya kawo maganar gida, Yaya kuwa ta ɗauke ta ta mai da ita abin auna mutane. Da ita take auna Fasto, da 'yan matan 'ya'yanta, da ni in na ce yanzu zan dawo.

Ranar Lahadin da Harlan zai zo, muna fitowa daga majami'a ta ja ni gefe.

"Cleotis, muryar shaƙiyancin nan da kake kwaikwayon Fasto da ita, yau za ta yi rana."

"Ni? Yaushe na taɓa kwaikwayon bawan Allah?"

"Rufe min baki. In an fara cin abinci ka sulale bayan gida, ka kira shi a waya. Ka ce daga babbar jami'a kake, kuna ba shi aiki. Ina so in ga abin da zai yi."

Na ce mata wannan zunubi ne, kuma a ranar Lahadi. Ta ce in tara shi da sauran. Gaskiya tun kafin ta rufe baki na fara gwada muryar a maƙogwarona.

Da azahar Harlan ya iso cikin riga ruwan toka, furfura ta ci masa kai, tumbin ya sauka. Yaya ta shirya tebur kamar za a karɓi gwamna: tarwaɗa, soyayyar kuɓewa, dafaffen ganye, burodin masara, shayi mai ƙanƙara. A tsakiya, inda take ajiye fure, ta jera huluna biyu, ja da koriya, waɗanda shi da kansa ya ba ta a zuwan baya. Lavell yana can ƙarshen tebur, ta hannun hagu, bai ɗago kai ba.

Harlan ya kalli hulunan ya yi 'yar dariya. "Mama, ashe kina ajiyar kayan tarihi."

"Ina ajiye duk abin da aka ba ni, Koci, har da alkawari. A wacce ka ce za a binne ka? Tsufa ya sa na manta."

"Ai ban mutu ba tukuna, Mama."

"Shi ya sa ka samu damar canjawa. Zuba kuɓewa."

Auta ya sunkuyar da kai yana danne dariya. Harlan ya fara zuba bayani, ya kwashi gishiri da barkono da kofuna ya jera su a tebur, yana nuna wa yaron inda zai tsaya da yadda zai karanci masu kawo hari. In yana wannan sai ka manta da halinsa, har ni na shagala. Sai da Yaya ta taka min ƙafa sannan na tuna da aikina, na ce zan duba motata.

Na zagaya bayan gida, na laɓe jikin akurkin kaji, na ɓoye lambata, na toshe hanci da yatsa biyu. Ta kusurwar gida ina hango baranda. Wayarsa ta yi ƙara, na ji ya ba da haƙuri ya fito.

"Koci Purifoy?" na ce, da muryar mutumin da bai taɓa jin yunwa ba. "Ina kira ne daga ofishin shugaban wasanni na wata babbar jami'a a Texas. Mun sallami mai kula da tsaronmu da safen nan. Sunanka ne a sama. Gida, mota, kuma jirgi zai ɗauko ka gobe."

Na ji numfashinsa ya canja. Ya ce, "Gobe?"

"Gobe da safe, in ka amince."

A daidai nan zakaran Yaya, wani tsohon ɗan banza da bai taɓa sanin lokaci ba, ya miƙe wuya a bayana ya rangaɗa cara.

Harlan ya cire wayar daga kunne ya kalle ta, ya kalli bayan gida, ya mayar.

"Ranka ya daɗe," ya ce, "zakaranku na Texas muryarsa ɗaya da na Mama Ozella. Kawu Cleotis, fito daga cikin kaji, abincinka na hucewa."

Na shigo ina kaɗe gashin kaza daga wandon zuwa majami'a. Harlan ya riga ni zama, yana ba da labari yana dariya har da buga tebur. "Mama, shekara nawa ina karantar yaudarar 'yan gaba? Ai tun kalmar farko na gano shi."

Yaya ba ta yi dariya ba. Kujerarta tana fuskantar taga, tagar kuma tana kallon baranda.

"Bayan zakara ya yi cara ka gano shi, Koci. Kafin nan ina kallonka. Fuskarka na nan wajen ƙofata, amma ƙugunka ya riga ya juya wajen motarka."

Dariyar ta mutu a bakinsa. Na taɓa ganin mutum ya sha kaye a fili, amma ban taɓa ganin wanda aka kayar da dabararsa ba, a gaban kuɓewa. Har tausayinsa na ji, kuma ban so jin hakan ba.

"Haka ne, Mama," ya ce a hankali. "Ya juya. Da kiran gaskiya ne, ban san abin da zan ce ba. Sau biyu ina dafa ƙirji a teburin nan, yau ba zan dafa ba. Aikinmu ko ka tafi ko a kore ka. Abin da zan iya cewa kawai, in zan tafi, daga bakina Keshon zai ji."

"Ba ni ke bin ka bashin wannan maganar ba," in ji Yaya.

Harlan ya daɗe yana kallon jar hular. Sai ya miƙe, ya kama kujerarsa, ya juya ta gaba ɗaya. Ya ba ƙofa baya, ya ba Auta baya, yaron da aikin Harlan ke rataye a wuyansa, ya zauna yana fuskantar ƙarshen tebur.

"Lavell," ya ce. "Na ɗauki waya zan kira ka a ranar, na ji kunya na ajiye. Da na ji labarin gwiwarka kunyar ta ƙaru, na sake ajiyewa. Kai ne yaro na farko da uwa ta damƙa min a hannu, na bar ka ka gani a talabijin. Ba ni da hujja. Ka yafe min in za ka iya, in ba za ka iya ba ma na cancanta."

Lavell ya kai hannu gwiwarsa. Yana ta murza gwiwar a ƙarƙashin tebur, kamar yadda yake yi in hadari ya haɗo. Idon Yaya ya cika, ni kuma sai na ga ashe akwai abin kallo a silin.

Ta tashi ta shiga kicin, ta fito da kek ɗin dankalinta, wanda ba ta fitar wa kowane baƙo. Ta ajiye shi gaban Lavell tare da wuƙa.

"Kai za ka raba. Wanda ka ba ya ci, wanda ka hana ya kama hanya. Maganar ƙanenka ma a hannunka take."

Lavell ya yanka wa uwarsa, ya yanka wa Auta, ya yanka min ɗan siriri don ya san ni. Ya yanka na ƙarshe ya ɗora a faranti, ya riƙe shi a hannu. Ya leƙa gefen tebur, ya ƙare wa zaman Harlan kallo, daga kafaɗa har ƙasa. Sannan ya tura farantin ya tsaya a gaban tsohon kocinsa.

"Auta, ka je," ya ce. "Ba wanda zai koya maka kamarsa. Duk abin da ya faɗa maka ka saurara." Ya ɗauki cokalinsa. "Amma kar ka ɗauke ido daga ƙugunsa."