Lamba Arba'in da Ɗaya

Saura minti ashirin kwamitin asibiti ya zauna, ƙanwar Farfesa, wadda nas ce a ɓangaren masu ciwon ƙoda, ta tare ta a ƙasan bene ta cafke mata jaka.

"Yaya, yau za ku kashe min tela."

"Sakar min jaka. Wane tela?"

"Lamba arba'in da ɗaya. Ai ku lamba kuka sani."

Nan take Farfesa ta gane. Shekara sha tara tana koyar da falsafa a jami'a, ta yi littafi guda kan adalci a rabon magani. Shi ya sa asibitin ya nemo ta da marasa lafiya suka fi ƙarfin injinan wankin ƙoda. Ita ta tsara dokar: wanda ya makara sau uku, a ba wani gurbinsa. Ita ce kuma ta kafe a goge suna da adireshi daga duk takardar da za ta zo gaban kwamiti, don kada sanayya ta shigo. Jiya lamba arba'in da ɗaya ya cika uku.

"Ko sana'arsa bai kamata ki faɗa min ba."

"To kai ƙarata. Amma fara zuwa nan."

Ta ja ta ofishin nas-nas, ta ture kofunan shayi, ta baje babban littafin rajista. Mutum tara aka cire bana. Ta bi adireshinsu da yatsa ɗaya bayan ɗaya. Takwas a hayin kogi suke, telan ma haka.

"Motar farko daga can takwas saura kwata take isowa. Su kuma an sa musu ƙarfe bakwai."

"Wa ya sa musu bakwai?"

"Kwamfuta mana. Ba ke kika ce a bar mata rabon ba, tunda ba ta da dangi?"

Farfesa ta ɗago kai daga littafin. "Su takwas ɗin suna ina yanzu?"

"Biyu dai Allah ya ji ƙansu, kada ki tambaye ni."

Farfesa ta hau benen nan da sauri har tana haki. Ta tarar babban likita, shugaban kwamitin, ya riga ya karanta takardar, hannaye sun fara tashi.

"Ku dakata!"

"Farfesa, kin makara," ya ce yana murmushi. "Saura biyu."

Ba ta yi dariya ba. A tsaye ta zayyana musu maganar mota da ƙarfe bakwai. Lauyan asibitin ya gyara tabarau.

"Ranki ya daɗe, a littafinki kika ce doka ɗaya ga kowa, ido a rufe. Har layi na ja a ƙarƙashi."

"Ni na rubuta, kuma na yi kuskure. Mun rufe ido har ba mu ga kogi ba."

"Mutum sittin ke jiran gurbi," in ji lauyan.

"Ban ce a cire kowa ba. Suna ya zauna a rufe, a buɗe nisan gida. Na kusa su zo da safe, na nesa da hantsi. Waɗanda muka kora a kan mota kuma su koma gaban layi."

Aka yi ta ja, lauya na buga biro a tebur. Da aka ƙirga hannaye, huɗu masu goyon bayan Farfesa suka rinjayi uku, na babban likita ne na huɗun.

A baranda ta ga telan a karon farko: dattijo a kan benci, ƙafafunsa sun kumbura sun fi ƙarfin silifas.

"Baba, daga yau sha ɗaya za ka riƙa zuwa," in ji ƙanwar Farfesa.

"Sha ɗaya? 'Yata, ai har karyawa sai na yi a gida!" Ya dafa bango ya miƙe, wata nas ta kama shi suka nufi ɗakin injin.

Farfesa ta bi shi da kallo har ya shige, sannan ta juyo.

"Ba ni lambobin wayar sauran shidan."

"Yaya, kina da aji ƙarfe biyu."

"Su jira."

Ta ja kujera ta danna ta farko. Bugu uku, wata mata ta ɗauka. Farfesa ta tambayi mara lafiyan.

"Yana nan," matar ta ce. "Wa ke magana?"