Kabari na Arba'in da Bakwai

Gurbin haƙorin fari ne tas, kamar yanzu aka share shi. Dakta Afaf ta daɗe tana kallonsa, buroshi a hannu, gwiwoyinta a kan yashin da ya fara ƙuna tun hantsi. Duk sauran muƙamuƙin ya rine da jar ƙasa, sai wannan gurbi ɗaya na gaba da babu ko ƙwayar rairayi a cikinsa. Haƙorin da ya faɗi shekara dubu uku da suka wuce ba ya barin wuri haka. Wani ne ya cire shi da safen nan.

Shekararta goma sha ɗaya tana zuwa wannan maƙabarta ta talakawan zamanin Fir'auna, a yammacin garin Ƙina, daidai inda gonakin rake suka ƙare hamada ta soma. Aikinta karanta ƙashi ne. Ta san haƙoran mutanen da kamar yunwar cikinta: gurasarsu cike take da yashi, kafin mutum ya kai talatin haƙoran taunarsa sun siɗe. Na wannan kuwa ba su siɗe ba, kogo suka yi baƙi ƙirin, irin na mai zuba sukari cokali huɗu a ɗan kofin shayi. Mu mutanen Sa'id, wato kudancin ƙasar nan, mun san wannan haƙori, don a bakin kowannenmu yake.

Ta zura yatsa a hankali ƙarƙashin ƙoƙon kan, ɓangaren da ke kwance a ƙasa. Bayan kunne ta ji wani ɗan rami, zagayayye, mai santsin baki. Irin ramin da harsashi ke bari.

Inuwa ta rufe ta. Rayis Dandarawi ne, shugaban ma'aikatan haƙa, tsaye da rawaninsa da sandarsa. Shekara arba'in da biyar yana wannan aiki, ubansa ma shi ya yi, kuma ba a taɓa jin ko ɗan dutsen ado ɗaya ya bi aljihunsa ba. Shi ya share kabarin nan da hannunsa tun da sassafe, bayan ya tura kowa wani ramin.

"Baba Rayis," ta ce ƙasa-ƙasa, "ina haƙorin?"

"Wane haƙori, Dakta?"

"Ni da kai ba ma haka."

Tsohon ya durƙusa, gwiwoyinsa suka yi ƙara. Ya buɗe tafin hannunsa a cikin inuwar jallabiyarsa, yadda ita kaɗai za ta gani. Haƙorin azurfa ne, ya dushe.

"A Asyut aka sa masa," ya ce. "Ni na raka shi. Dubi damtsensa na hagu, za ki ga inda ya karye. Daga kan dabino ya faɗo, ina ƙasa ina yi masa dariya."

Ta riga ta ga ɗorin. Ba ta dai so ta san mai shi ba.

"Shahat ne, yayana."

Babu wanda ya yi wata guda a ƙauyen nan bai ji labarin Shahat ba. Shekara talatin da bakwai ke nan, ya yi faɗa da 'yan gidan Haridi a kan wanda zai fara ban ruwa, washegari aka neme shi aka rasa. Manya suka ce ai Iraƙi ya tafi neman aiki kamar kowa a lokacin, kuma kowa ya karɓi maganar da hannu biyu, domin a wurinmu in babu gawa babu jini. Amma ranar da gawa ta bayyana, gidan mamaci ba ya shimfiɗa tabarma, ba ya karɓar ta'aziyyar kowa, sai an kwantar da namiji guda daga wancan gidan. Kuma ɗa ake ɗora wa wannan kaya. Al'ada ce da ta ƙarar mana da maza fiye da kwalara, amma je ka faɗa wa tsofaffin matanmu haka.

Ɗan Shahat kuwa yana nan, taku ashirin daga inda suke. Hammam ke nan, wanda aka bari a cikin uwarsa, Rayis ya rene shi. Yanzu ƙato ne mai 'ya'ya biyar, diga a hannunsa, yana waƙa yana sara. Uwarsa har yau duk Juma'a sai ta sauko da bindigar mijinta ta shafa mata mai.

"Doka ta ce in kira sufeton kayan tarihi, shi kuma ya kira 'yan sanda," in ji Afaf.

"Kafin motarsu ta iso labari ya kai gida. Kafin magariba yaron nan ya zama mai kisan kai, ko gawa. Ke 'yar Sohag ce, 'yar Sa'id kamarmu, 'yata, ba Baturiya ba. Kin san abin da nake faɗa."

Ta sani. Ɗan kawunta bai gama jami'a ba saboda irin wannan.

"Me kake so in yi?"

"Ki ba shi lamba kamar sauran. Mutum arba'in da shida kika kwashe a nan bana, wa ya tambayi ubansu?"

"In na rubuta shi a cikinsu na yi wa su arba'in da shidan ƙarya. Shekara goma sha ɗaya nake ƙoƙarin a ji gaskiyar mutanen nan."

"Su sun mutu, Dakta. Wancan yana da rai."

Kafin ta amsa, ƙarar rariya ta tsaya. Ƙa'ida ce duk ƙasar da ta fito daga kabari sai an tankaɗe ta, kuma mai tankaɗen yau Sabir ne, dattijon gidan Haridi, wanda tun da aka ja igiyar shata wurin haƙa a wannan gefen ya ce ciwon baya ya kama shi. Afaf ta ɗaga kai daidai lokacin da ya tsinci wani ɗan abu a cikin tsakuwar, ƙarami, toka-toka, mai nauyin dalma. Bai kai shi tiren da ake tara abin da aka samu ba. Ya dunƙule hannu, ya ɗago, idonsa ya faɗa cikin na Rayis. Tsofaffin biyu suka tsaya haka, kowanne da abinsa a dunƙule, babu wanda ya ƙifta.

"Shayi!" wani ya yi kira daga rumfa.

Hammam ya jefar da diga, ya nufo su yana share gumi da gefen rawaninsa. Afaf ce ta koya musu wannan ɗabi'a da kanta: duk wanda aka tono, kafin a kwashe shi sai ta faɗa wa ma'aikata ko wane ne, don su san mutum suke ɗauka ba itace ba.

"To, Dakta, ba mu labarin baƙonmu na yau," ya ce, ya tsuguna a bakin ramin. "Kai, dogo ne! Baffa, wannan da yana raye da ka ɗauke shi aiki, ka sallami tsoho Sabir ya je ya yi jinyar bayansa."

Babu wanda ya yi dariya sai shi. Afaf ta dubi ƙoƙon kan. Ta lura da faɗin goshin da ke ramin, ta lura da na Hammam da ke sunkuye a kansa, sai ta kawar da ido.

"Namiji ne," ta ce. "Bai wuce talatin ba. Manomi, ga alamar fartanya a kafaɗunsa. Ya taɓa karyewa, ya warke."

"Talatin? Ashe ma na girme shi. Me ya kashe shi?"

Ya miƙa hannu zai juya ƙoƙon kan. Sandar Rayis ta sauka a gabansa, ta tokare ƙasa.

"Wa ya koya maka taɓa kai da hannun diga? Ni na rene ka ko jaki?"

"Tuba nake, Baffa. Tambaya kawai na yi." Ya juya ga Afaf. "Ke da ƙashi ba ya ɓoye miki komai."

Sabir ya matso har bakin ramin ba tare da ya san ya matso ba. Afaf ta ji tsoro irin wanda ba ta taɓa ji a cikin kabari ba, ta kuma ji haushin dukansu, har da kanta.

"Wannan sai na duba shi a ɗaki," ta ce. "Ba komai ake gani a rana ba."

Hammam ya ɗaga kafaɗa ya tafi wajen shayi. Ta jawo katin da ake cike wa kowane kabari, ta rubuta arba'in da bakwai, namiji, da tsawon ƙashin cinya. Layin da ake rubuta zamani ta bar shi fari.

"Ƙarya ba zan rubuta ba, Baba Rayis," ta ce ba ta dube shi ba. "Mako uku ya rage a rufe aiki. Ranar da sufeto zai sa hannu a kan katunan nan, zai tambaye ni wannan layin, kuma zan faɗa masa."

"Mako uku," ya maimaita. Ya dubi Sabir. "Ka ji. Ka je ka faɗa wa manyanku su nemi likkafani su kawo ƙofarmu da ƙafarsu, a gaban jama'a, su roƙi afuwa yadda al'ada ta tanada, ko Allah zai sa yaron ya karɓa. In kun tsaya girman kai, ni ba ni da sauran abin da zan tare da shi."

Sabir ya juya ya koma wajen rariyarsa.

Da azahar aka gama kwashewa. Afaf ta naɗe kan da kanta, ta jera ƙasusuwan a dogon akwatin katako, ta rufe. Daga nan zuwa ɗakin ajiya tafiyar minti goma ce a cikin yashi, kuma akwatin na mutum biyu ne.

"Hammam, kama gaba," in ji Rayis. "Sabir, kama baya."

"Tsoho mai ciwon baya?" Hammam ya yi dariya. "Bari in ɗauka ni kaɗai, Baffa, ba shi da nauyi."

"Na ce ya kama."

Suka ɗaga. Hammam na gaba yana tsokanar Sabir ya daina jan ƙafa kada su kayar da Fir'auna. Rayis ya zare takalmansa ya bi su a baya shi kaɗai, yashi na ƙona tafinsa. Afaf, da ke tsaye a bakin ramin, ta ga ya ɗaga hannuwa zuwa kunnuwansa sau ɗaya kamar mai kabbarar sallar gawa, ya sauke, leɓensa na motsi. Hammam bai waiwayo ba.