Renon Ikilima

"Ba ni ba da ita, Baba."

Ban taɓa ce wa mahaifina a'a ba sai rannan. Yana zaune a zaure, Kalilu tsohon mijina na gefensa, babur ɗinsa a ƙofar gida. Ya zo ɗaukar Ikilima, ɗiyarmu mai shekara tara, ya kai ta ƙauyensu wajen uwarsa.

"Mas'uda, mi kika ce?"

"Na ce ba ni ba da ita. Ɗiyata ta."

Gwaggo Kubura, ƙanwar Baba, ta saki salati daga bayan labule. A gidanmu mace ba ta kiran ɗan fari nata, ba ta faɗin sunansa, ko kuka yake sai ta kau da kai wata ta ɗauka. "Ga amfanin boko nan," in ji ta. "Ta cinye kunya har da kwano."

Ba ƙiyayyar Kalilu ta sa ni ba. Ƙauyensu yana bakin daji, gaba da Kamarawa. An rufe makarantarsu tun da 'yan bindiga suka fara shiga, iyaye kuma suka koma aurar da yara da wuri, wai gara ɗakin miji da hannun mutanen daji. Ɗiyar wansa da aka aurar bara ko tukunyar tuwo ba ta iya saukewa. Ni da nake koyarwa a firamare a Sabon Birni, na san yadda benci ke zama in an cire yarinya daga kansa.

Kalilu ya kai ƙara kotu a garin Isa. Baba ya hana kowa raka ni, daga ni sai Ikilima.

Duk wanda ya san hanyar nan ya san shirun da ake yi a mota. Direba ya kashe rediyo. Gero ya yi tsawo gefe da gefe, ba ka ganin abin da ke cikinsa. Babura biyu suka fito daga wata gona, matar da ke kusa da ni ta damƙe hannuna har farcenta ya shiga. Na danna kan Ikilima cikin hijabina, ina jin zuciyarta a cinyata. Ashe manoma ne da buhuna. Ba wanda ya yi dariya.

A kotu alƙali ya dube ni. "Wace yarinya kike nema a bar miki?"

Dangin Kalilu sun cika benci, suna jira su ga ko bakina zai iya faɗin sunanta.

"Ikilima, Allah shi gafarta Malam. Ɗiyata ta fari."

Wata tsohuwa ta tofar da yawu. Ban sunkuyar da kai ba.

Alƙali ya ce renon ɗiya mace na uwa ne, uba kuma yana da ikon ganinta da ciyar da ita, kuma kada ya ji an ɗaura wa yarinyar nan wani abu a ɓoye. Har na fara numfashi sai ya ƙara: in na yi aure, reno ya fita hannuna, ya koma ga dangin uwa. Ya tambaya ko mahaifiyata na raye. Na ce ta rasu, haka kakata, kuma Inna ba ta da 'yar'uwa.

"To, in kin yi aure, uwar ubanta ce ke biye."

Kalilu ya yi murmushi. Ya san Hafizullahi, malamin lissafi a makarantarmu, ya riga ya kawo kayan neman aurena gidanmu. A bakin ƙofa Kalilu ya matso kusa da ni. "Malama, Allah shi ba da zaman lafiya. Ran ɗaurin aure za ni zo da babur."

Da hannuna na haɗa kayan na mayar. Hafizullahi ya ce zai jira. Na ce masa kada ya jira, don ba wata ɗaya ba ne, ba shekara ɗaya ba. Bayan girbi ya auri wata a Isa.

Kalilu yakan zo ran kasuwa, ya tsaya daura da makaranta. Haƙƙinsa ne. Ya saya wa Ikilima rake, ya dafa kanta, ya ce, "Kai, kin yi girma." Ni kuma ina tsaye da alli a hannu har sai ta dawo cikin aji.

Yanzu tana aji biyar. Baba ba ya amsa gaisuwata, sai dai ya ɗaga hannu. Mata sun daina aiko min da goron biki. Mijin da na so yana gidan wata, kuma ba ni da damar yin wani sai Ikilima ta girma. Abin da riƙe ta ya ci mini ke nan, kuma gobe ran kasuwa ce.