Tutar da Baba Yahya Ya Zauna a Kai

Abdelkader yana tsugune a wani shagon kayan famfo a unguwar Nuzla ta birnin Jidda, yana neman wani ɗan ƙarfen injin tura ruwa, sai wayarsa ta yi ƙara. Hoto ne daga Mish'al, mai gidan benen da yake gadi a Sharafiyya, kuma kafilinsa, mutumin da iƙamarsa, wato takardar izinin zamansa a ƙasar, take hannunsa shekara goma sha ɗaya. A ƙarƙashin hoton an rubuta da Larabci: "Mene ne wannan?"

Daga sama aka ɗauki hoton, daga ɗaya daga cikin tagogin 'yan haya. Tsakar gidan baya ce, ƙofar ɗakin gadi inda Abdelkader yake zaune da iyalinsa. Ga surukinsa nan, Baba Yahya, ya baje koren ƙyalle a ƙasa, ya zauna daram a tsakiyarsa, ya miƙe ƙafafu yana yanke farce. Takalmansa a kan ƙyallen. Tsohon akwatinsa na ƙarfe ya danne gefe ɗaya.

Abdelkader ya ƙura wa hoton ido. Kwana uku ke nan da bikin ranar ƙasa ta Saudiyya. Shi da hannunsa ya rataya tutoci shida a gaban benen, shi kuma ya sauke su jiya, ya ninke, ya zuba a leda, ya ajiye a bayan ƙofar ɗakinsu. To wane koren ƙyalle ne kuma a gidan in ba su ba? Tutar nan kalmar shahada ce a jikinta. Ba ta taɓa ƙasa, ba a zama a kanta, balle a ɗora mata takalmi, wannan ko ɗan jiya a Jidda ya sani. Kuma ba ɓoyayyen abu ba ne yanzu, tunda hoton ya fita daga wayar wani ya shiga ta wani. In ya ƙara tafiya taki ɗaya, magana ta bar hannun Mish'al.

Ya kira matarsa Nafissa sau huɗu, wayar tana ta ƙara ba a ɗauka. Ya bar ɗan ƙarfen a kan teburin mai shago ya fita a guje, mai shago yana kiransa bai ko waiga ba.

A cikin tasi kalma ɗaya ce ta dinga yi masa yawo a ka: tarhil. Ya ga yadda ake yi. A kwashe mutum, a tsare shi, a sa shi a jirgi da kayan jikinsa. Shi dai in ta kama zai iya komawa Damagaram, ko ba komai akwai gidan ubansa. Amma 'ya'yansa Lama da Wejdan fa? A nan aka haife su, a nan suke makaranta, Hausar ma in ka yi musu sai su amsa maka da Larabci. Lama saura shekara biyu ta gama sakandare. Duk wannan a kan yankan farce! Haushin tsohon ya kama shi. Tun da aka rushe unguwar Karantina suka ɗauko shi suka dawo da shi wajensu, ɗaki biyu ne kacal, suka bar masa ɗaya, su huɗu suka cushe a ɗayan. Bai taɓa yin tsaki ba. Yau ga sakayya.

Kafin su kai Sharafiyya ya riga ya shirya abin da zai faɗa, kuma ya san ba abu ne mai kyau ba.

Motar Mish'al ta riga shi zuwa. A ƙofar baya suka haɗu, Mish'al da farar rigarsa da waya a hannu, fuskar nan babu alamar wasa. Ba mugun mutum ba ne, amma yau ko gaisuwar ba ta samu amsa ba.

"Ya Abdu, matar hawa na huɗu ce ta turo min," in ji Mish'al. "Na roƙe ta ta ba ni awa ɗaya kafin ta tura wa kowa. Awa ɗaya. In abin da nake gani ne, wallahi babu abin da zan iya yi maka."

Suka shiga. Baba Yahya yana nan inda hoto ya nuna shi, sai dai ya gama da ƙafa ya koma hannu. Nafissa ta fito daga ɗaki hannu duk kumfar wanki, ta ga fuskar mijinta, ta tsaya cak.

"Baban Lama, lafiya?"

Abdelkader ya juya wajen Mish'al, ya saki maganar da ya shirya a mota, da Larabci, da ƙarfi, don ko ta hawa na huɗu ta ji: "Allah ya ja kwananka, tsoho ne. Ya ruɗe. Ba ya cikin hayyacinsa, bai san abin da yake yi ba. Ko sunansa wani lokaci mantawa yake."

Ƙarya ce tsagwaronta. Baba Yahya har lambar motar da ta kai shi Makka shekara arba'in da suka wuce yana iya faɗa maka. Kuma Larabcin ya fi Abdelkader ji. Tsohon ya ɗago kai ya dubi surukinsa.

"Baba, tashi. Don girman Allah tashi daga kan tutar nan!"

Abdelkader ya kama hannun tsohon ya ɗaga shi, ɗagawar da ba ta ladabi ba. Ya yi ƙwallo da takalman. Sai suka tsaya su uku suna kallon wurin da tsohon ya tashi.

Babu rubutu. Babu takobi. Kore ne kawai, koren da rana ta cinye, da tabon shayi a wuri biyu.

Mish'al ya sunkuya ya ɗaga bakin ƙyallen ya leƙa ɗaya fuskar. Nan ma babu komai. Abdelkader ya ja akwatin ƙarfen gefe, sai ga wata jar tauraruwa mai tsini biyar a kusurwar sama, an ɗinke ta da zare, ɗinkin ya fara sakin jiki.

Nafissa, wadda sai yanzu ta gane abin da ake zargi, ta ruga bayan ƙofa ta ɗauko ledar. Ta zaro tutocin ɗaya bayan ɗaya tana ɗorawa a kafaɗarta don kada su taɓa ƙasa. Shida cif.

"Alhamdu lillahi," in ji Abdelkader. Ya sake faɗa. Ya sake. Ya jingina da bango, gumi yana bin bayansa kamar an watsa masa ruwa.

Mish'al ma ya sauke numfashi, amma bai ajiye wayar ba. Ya ɗauki hoton tauraruwar, ya yi ɗan latse-latse, ya karanta, girarsa ta tattare.

"Jamhuriyar Jama'ar Benin," ya karanto. "Daga 1975 zuwa 1990. Mulkin 'yan kwaminis." Ya dubi Abdelkader. "Ya Abdu, tutar 'yan kwaminis kuke shanyawa a gidana?"

Haba! Daga wannan sai wannan? Abdelkader bai san inda Benin ta sa gaba a siyasa ba, shi dai ya san surukinsa mutumin Kandi ne ta can ƙasar, amma kalmar kwaminis ya san ta, kuma ya san ba kalmar da ake so a ji a bakin kafili ba ce. Ya buɗe baki zai sake wata ƙaryar, sai Baba Yahya ya riga shi.

"Tawa ce, ya Abu Mohannad," in ji tsohon, yana kiran Mish'al da alkunyarsa, da Larabcinsa na mutanen Karantina, tsaf babu gargada. "Yaron nan bai taɓa ganinta ba. Danshin garin nan ne yake sa mata fumfuna a akwati, shi ya sa nake fito da ita ta sha iska shekara-shekara. A gidana na da babu mai leƙo ni daga sama."

"To kai ɗan kwaminis ne, ya Hajji?"

Baba Yahya ya yi 'yar dariya. "Ni mahauci ne, ɗan mahauci. Wata safiya muka tashi aka ce ƙasarmu ta daina zama Dahome, sunanta Benin. Aka sauke tuta mai kala uku aka ɗaga wannan. Suka tara mu a filin kasuwa, wani ɗan boko mai gemu ya hau tebur ya ce koren nan noma ne, jar tauraruwar kuma juyin juya hali da haɗin kan talakawa. Ya ce daga yau babu mai gida babu bara, kowa ɗan'uwan gwagwarmaya ne. Muka tafa. Da aka kira la'asar muka tafi masallaci, shi ma mai gemun yana sahun baya."

Bakin Mish'al ya ɗan motsa, amma ya danne dariyar.

"Kuma me ya kawo ta Jidda?"

"Hajji ya kawo ta. Shekarar tamanin da huɗu muka zo, mu talatin da biyu daga zangon Kandi, yawanci tsofaffi, ba mai jin Larabci. Ni ne dogo a cikinsu, sai shugaban ayari ya ɗaura ta a gora ya miƙa min. Ya ce Yahya, duk inda ka shiga ka ɗaga ta sama, wanda ya ɓata ya nemi jar tauraruwa. To kore ya yi yawa a wurin nan, kowace ƙasar Musulmi da korenta, amma mai jar tauraruwa a kusurwa tamu ce. Da ita na tsaya a Arfa. A Muzdalifa a kanta tsofaffi mata uku suka kwanta, tunda ba sunan Allah a jikinta. A wajen jifa wata tsohuwa ta ɓace mana tun hantsi, muka duba ko'ina, har an fara cewa a je a duba cikin gawarwaki. Ni dai na ƙi sauke hannu. Dab da magariba sai ga ta tana kutsowa cikin mutane, babu takalmi, tana kuka tana nuna tauraruwar. Talatin da biyu muka zo, talatin da ɗaya suka hau jirgi lafiya lau."

"Ɗayan fa?"

"Ga shi a gabanka. Na samu aiki a mayanka na ce zan yi shekara ɗaya. Suka ce to ba mu tutarmu, na ce baɗi zan kawo muku." Ya dubi ƙyallen. "Kafin in shirya, su ma can sun gaji da ita, sun sauke sun mai da ta da. Yanzu ko na kai babu wanda zan ba."

Sai Mish'al ya fashe da dariya, dariya ta gaske, har yana dafa kafaɗar tsohon.

"Tutar kwaminis ta yi aikin Hajji! Wallahi yau na ji abin da ban taɓa ji ba." Ya ɗaga ƙyallen da hannu biyu ya juya shi wajen tagogin sama. "Ya Hajiya! Duba da kyau! Ba tamu ba ce!" Labulen hawa na huɗu ya motsa, aka rufe taga. Ya goge hoton a wayarsa a gaban idon Abdelkader, ya ce zai hau da kansa ya ga ita ma ta goge. "Halas, magana ta mutu. Amma ya Hajji, don Allah baɗi ka shanya ta a cikin ɗaki. Kai kuma ya Abdu, injin ruwa fa? Mutane suna kirana tun safe. Yalla."

Ya haye sama. Abdelkader bai taɓa jin daɗin a yi masa faɗan injin ruwa kamar na yau ba. Ji ya yi kamar ya rungume bangon gidan. Anjima kaɗan Lama da Wejdan za su dawo daga makaranta su yi jifa da jakunkuna suna tambayar abinci, ba su san komai ba, kuma ba za su sani ba. Nafissa ta goge ido da bayan hannu ta shige ɗaki da tutocin, ba ta ko kalle shi ba. Wannan rashin kallon ne ya tuna masa da abin da bakinsa ya faɗa.

Baba Yahya yana ƙoƙarin sunkuyawa ya ɗauko takalminsa ɗaya da ya faɗa bayan bokiti. Abdelkader ya riga shi, ya ɗauko, ya haɗa da ɗayan, ya durƙusa ya ajiye a gaban ƙafafunsa. Kunya ta hana shi ɗago kai.

"Baba, maganar da na yi ɗazu..."

"Wacce? Ta ruɗewa?" Tsohon ya zura ƙafa a takalmin a hankali. "Har sunana nake mantawa, ko?"

"Baba, ka yafe min. Tsoro ne."

"Na ga tsoron, tun daga ƙofa na gan shi." Ya gyara zaman takalmin a ƙafarsa. "Maganar ta yi min zafi, ba zan ɓoye maka ba. Amma jikokina kake karewa. Da ni ne a tsaye a wurin nan, da abin da zan faɗa ya fi naka muni."

Ya ɗauko ƙyallen ya kakkaɓe, ya miƙa wa Abdelkader baki ɗaya.

"Tashi, ƙasa da zafi. Kama min nan mu ninke, hannuna ba ya kaiwa yanzu."