Takardun Ummaru

"Malam Mudi, kana ciki? Mai gidan ne ke son ganinka."

Muryar Hajo ce ta bayan katanga. Mudi na tsugune yana ɓare masara, ya yi kamar bai ji ba sai da ta maimaita. Wata bakwai ke nan ko kwanon tuwo bai tsallaka katangar nan ba, tun ranar da ya maka mijinta Bature a kotu.

Shekara tara su biyun suna koyarwa a firamaren ƙauyensu, yamma da Tsiga, a matsayin malaman sa-kai. Da gurbi ɗaya tak ya fito na ɗauka dindindin, aka ba Bature. Komai Bature. Shi yara ke rububin karɓar wa jaka, shi iyaye ke fara gaisarwa a masallaci, hatta masararsa sai ta riga ta kowa yin goyo. Mudi ya yi kwana uku tuwo ba ya wuce masa, a na huɗu ya hau mota zuwa Funtuwa ya ɗauki lauya.

Hujja kuwa yana da ita. Takardun Bature kaf, daga firamare har NCE, sunan Ummaru ke kansu, yayansa da ya rasu tuntuni. Abin da ya faru shi ne, da mai unguwa ya zo rubuta 'yan makaranta, Ummaru aka rubuta. Uban ya ga Ummaru ya isa kora shanun huɗa, sai ya tura ƙanen ya riƙa amsa sunan. Ba gidansu kaɗai aka yi haka ba. Mudi ya san wannan sarai, don benci ɗaya suka zauna shekara shida, kuma a littafin Bature yake kwafar lissafi. Amma gaban alƙali cewa ya yi takardun mamaci aka sace. Aka dakatar da Bature sai an gama shari'a, 'yan acaɓa a Bakori suka laƙaba masa malamin bogi.

Da Mudi ya shiga gidan, ya tarar da Bature kwance a tabarma, ciki ya kumbura, idanu sun yi ɗorawa. Ko a haka ɗakin cike yake da kwanukan 'yan dubiya, Mudi ya ƙirga sha ɗaya kafin ya zauna.

"Sannu. Ya jikin?"

"Da sauƙi, maƙwabci." Bature ya numfasa. "Jibi za a zauna, ko? Ni ba zan iya zuwa ba. Aikin ka riƙe, wallahi na bar maka. Abu ɗaya nake roƙo. Ka gaya wa alƙali wa ke zama a damanka a aji ɗaya. Baba ya rasu, Yaya ya rasu, malaminmu ya rasu. Kai kaɗai ka rage."

Mudi ya duƙar da kai yana tsinkar bakin tabarma.

"Kada 'ya'yana su tashi ana ce musu 'ya'yan ɓarawon takarda."

"Lauya ya ce kada in yi maganar shari'a a waje."

"To, ba komai." Bature ya yi ɗan murmushi. "Idan sun ba ka 'yan aji huɗu, a lissafin rabawa muka tsaya. Naja'atu 'yar gidan Tsohuwa ba ta gani daga baya, ka dawo da ita gaba."

Wannan ya fi komai ƙona wa Mudi rai. Mutum yana bakin kabari, amma har yanzu shi ne mai kyauta, shi ne mai haƙuri. Ya tashi ya ce zai yi tunani. A zuciyarsa ya ce jibi, idan ya ga dama, zai faɗa.

Washegari da hantsi yana gona ya ji kuka ya tashi daga wajen gidajensu.

Haƙƙin maƙwabtaka, shi ya zuba wa liman ruwa wajen wanka. Da aka fito da gawa, sai ya kama kansa yana ƙirga sahu. Tara. Mutane daga Mahuta, daga Bakori, tsofaffin ɗalibai a kan babura, har da 'yan acaɓan da suka yi masa suna. Ya tambayi kansa sahu nawa shi zai samu, ya yi istigfari, ya sake ƙirgawa. Tara ne dai.

Ranar zama ya je Funtuwa da maganar a bakinsa. Tun a harabar kotu lauya ya tare shi da fara'a.

"Ai shari'a ta bi mai ita, Malam. Za a rufe fayil. Kai ke bi masa a jeri, aiki naka ne."

"Akwai abin da nake so in gaya wa alƙali."

"A kan wa? Babu wanda ake ƙara kuma."

Bayan sati uku ya shiga aji huɗu da takardar kama aiki a aljihu. Tun da aka dakatar da Bature ba a samu mai shiga ajin ba, sai a haɗa yaran da 'yan aji biyar ƙarƙashin darbejiya. Allon na nan yadda ya bar shi, alli ya dusashe amma ana karantawa: kwanan wata, lissafin rabawa guda uku, na ƙarshe ba amsa. Rubutun nan ne mai tsayuwa cak, wanda Mudi ya yi shekara shida yana leƙe ta gefen ido, bai taɓa iya irinsa ba.

Ya ɗauki tsumman gogewa.

"Wace ce Naja'atu?"

Wata siririyar yarinya ta miƙe daga can baya tana ƙanƙance ido.

"Dawo gaba."

Ya ajiye tsumman, ya nemi ɗan fili a ƙasan allon, ya rubuta kwanan watan yau. Layin ya karkace ya gangara, ƙarƙashin na Bature.